Gashaka-Gumti da ɗan jagora naku ku kaɗai: me kwana bakwai za su ɗauka?

"Assalamu alaikum. Mu huɗu ne, abokan aiki a Kano, muna da hutun kwana bakwai a farkon Janairu. Wani mai shirya yawon buɗe ido ya ce zai kai mu gandun dajin Gashaka-Gumti mu kaɗai, ba cikin ayarin wasu ba, da mota da ɗan jagora da mai dafa abinci. Ya ce za mu ga biri mai ganga, wato chimpanzee, mu kuma hau dutsen Gangirwal, amma mu biya rabin kuɗi tun yanzu. Yankari kawai muka taɓa zuwa. Malam, wannan tsarin zai yiwu? Me ya kamata mu tambaye shi kafin kuɗi su bar hannunmu?"

Wa alaikumus salam. Abu biyu kuke son sani: ko mako guda zai ɗauki duk abin da aka yi muku alkawari, da kuma yadda za ku gane ko mutumin nan ya san aikinsa. Tafiyar kanta tana yiwuwa, kuma Janairu lokaci ne mai kyau. Amma biri mai ganga da Gangirwal a cikin kwana bakwai daga Kano, taura biyu ce, ba ta taunuwa. Mai shirya tafiyar da ya haɗa muku su ba tare da ya yi muku lissafin kwanaki ba, ko dai bai taɓa taka wurin ba, ko kuma yana faɗa muku abin da kunnenku ke so.

Ku fara cire Yankari daga ranku

A Yankari kwalta ce ke kai mutum har sansanin Wikki, akwai ɗakin kwana, a shiga mota da safe a zaga daji a dawo a yi wanka a ruwan ɗumi. Gashaka-Gumti wata duniya ce dabam. Shi ne gandun daji mafi girma a Najeriya, faɗinsa ya haura murabba'in kilomita 6,000, kusan ninki uku na Yankari. An kafa shi a 1991 ta hanyar haɗe gandaye biyu, Gashaka da Gumti, kuma ya ratsa jihohin Taraba da Adamawa, ya jingina da iyakar Kamaru. Ɓangaren arewa, na Gumti, wanda ake shiga ta Toungo, fili ne na ciyawa da itatuwa jefi-jefi. Ɓangaren kudu, na Gashaka, wanda ake shiga ta Serti, tsaunuka ne da kwazazzabai da kurmi mai duhu da rafuka. Biri mai ganga a kudu yake, Gangirwal ma haka. A wannan ɓangaren mota tana kai ku wani wuri ne ta tsaya, sauran kuma ƙafa ce.

Saboda haka abin da ake kira "ku kaɗai" a nan ba jin daɗi kuke saye ba. Kuna sayen ikon lokaci ne: ku tashi lokacin da kuka ga dama, ku zauna awa biyu a gindin bishiya ɗaya kuna jiran birai ba wanda ke azalzalar ku, ku juya idan ɗayanku ya gaza. Farashinsa kuma shi ne duk nauyin mota da mai da abinci da 'yan dako a kanku huɗu zai faɗa.

Lissafin kwanaki

Daga Kano zuwa Jalingo ta Gombe da Numan wuni guda ne cur. Daga Jalingo ku bi ta Garba Chede da Bali zuwa Serti, wannan ma ya cinye mafi yawan yini na biyu, balle idan an haɗa da tsayawa a shingayen jami'an tsaro da kuma cike takardu a ofishin gandun. Komawa ma kwana biyu ne. Daga bakwai an cire huɗu, saura uku. Ko da kun hau jirgi zuwa Jalingo ko Yola, kwana ɗaya ko biyu kawai za ku tsira da su.

Gangirwal, wanda ake kuma kira Chappal Waddi, tsayinsa mita 2,419, babu dutsen da ya kai shi a Najeriya. Hanyar da aka fi bi a hau shi ba ta ƙauyen Gashaka take ba. Sai an wuce Serti, an hau Mambila ta Mayo Selbe, an kai Nguroje, an gangara zuwa Njawai, sannan a fara taka ƙasa. Hawa da sauka kaɗai kwanaki ne, ban da ranar isa Njawai da ranar baro ta. Wanda kuwa ya ce zai taka daga ƙauyen Gashaka har ƙololuwa, to ya ware fiye da mako guda don tafiyar ƙasa zalla. Ga kuma wani abu: a Janairu hazo yana rufe sararin sama, sai mutum ya sha wahalar hawa ya isa sama ya tarar ba ya hango komai sai fari.

Shawarata ku bar dutsen zuwa wata shekara, ku ba kurmi kwanakinku uku. Ranar farko ku shiga daga Serti zuwa ƙauyen Gashaka, hanyar ƙasa ce mai duwatsu da ƙetare rafuka, kada gajartarta a taswira ta yaudare ku. Da yamma ku hau tudun da kufan ganuwar Jamusawa yake. Yankin nan ƙarƙashin Kamarun Jamus yake kafin yaƙin duniya na farko, daga baya ya koma hannun Ingila, sai bayan ƙuri'ar raba gardama ta 1961 ya zama Najeriya, a Lardin Sardauna. Rana ta biyu ku taka zuwa Kwano, wani sansani a cikin kurmi, tafiyar awa uku zuwa huɗu ga wanda bai saba ba, ku kwana can. Rana ta uku ku yi sammako cikin kurmi, ku juyo kafin rana ta take.

Maganar biri mai ganga

Sunan ya samo asali ne daga yadda yake dukan faffaɗan saiwoyin manyan bishiyoyi da hannu da ƙafa, sautin ya ratsa kurmi kamar kiɗa. Irin da ke Gashaka, wanda ake samu a Najeriya da Kamaru kawai, yana cikin mafi ƙarancin jinsinsa a duniya, kuma Gashaka na cikin manyan mafakarsa da suka rage. A shekarar 2000 masu bincike ƙarƙashin Volker Sommer na wata jami'ar Landan suka kafa sansani a Kwano don nazarinsa. Amma biran nan ba su saba da mutum ba kamar na wasu gandayen Uganda da Tanzaniya, inda aka shekara da shekaru ana bin garke ɗaya har ya daina gudu. Na Gashaka da sun ji motsi sun ɓace. A kwana ɗaya ko biyu, abin da ya fi yiwuwa shi ne ku ji ihunsu ko gangarsu da asuba daga wani kwari, ku ga sheƙar da suka kwana a kai, domin kullum sai sun lanƙwasa rassa sun yi sabon makwanci a saman bishiya, ku kuma ga 'yan sandunan da suka fere suka tsoma a ramin kwarkwasa ko a kogon zuma suka yar. Ɗan jagora na ƙwarai zai ɗaga irin wannan sandan ya nuna muku bakinsa da ya tattauje, ya gaya muku na jiya ne ko na makon jiya. Ganin biran ido da ido rabo ne. Duk wanda ya ce tabbas za ku gani, ku rage masa daraja a ranku.

Abin da za ku fi gani shi ne gwaggon biri, da baƙin biri mai farin hanci, da dogon birin nan baƙi da fari mai jela kamar izga, da kirka a bakin daji. Akwai mazo da gada da gwambaza da ɓauna da aladun kurmi, amma a kurmi sawunsu da kashinsu aka fi cin karo da su. Dorina da kada suna gurabun Mayo Kam, kogin da masu kamun kifi da ƙugiya ke zuwa dominsa saboda giwan ruwa da tsage. Tsuntsaye kuwa ba a magana. Ku tafi da tabaron hangen nesa aƙalla biyu, in ba haka ba ku huɗu za ku wuni kuna fizgar guda ɗaya.

Idan Allah Ya sa kun yi kiciɓis da biri mai ganga, kada ku matsa kusa da mita goma, kada ku yi nuni da hannu ko ku ɗaga murya. Mai mura ko tari ya zauna a sansani: cutar numfashin ɗan Adam tana kama su, kuma abin da yake mura a gare mu yana iya kashe su.

Wa ke da alhakin me

A nan ne tafiye-tafiye suka fi lalacewa. Mutum uku ne a cikin lamarin, kuma mai saye yakan ɗauka mutum ɗaya ne. Akwai mai shirya tafiya, wanda kuka yi magana da shi, mai karɓar kuɗi. Akwai hukumar gandun, reshen Hukumar Kula da Gandayen Daji ta Ƙasa, wadda tun 2017 take aiki tare da gidauniyar Africa Nature Investors. Ita ke ba da izinin shiga, ita ke haɗa ku da ma'aikatan gandu masu kaki, kuma ba a shiga ba tare da su ba. Sannan akwai ɗan gari masanin sawu, wanda a dajin ya tashi, ya san wace bishiya ce ke 'ya'ya a wannan watan da inda birai suka kwana shekaranjiya. Na farko zai iya zama a Abuja ko Jos bai taɓa kwana a Kwano ba. Wannan ba laifi ba ne idan ya faɗi gaskiya kuma yana da na biyu da na uku a hannu.

Don haka ku tambaye shi: yaushe rabonsa da shiga gandun, kuma ta wace hanya? Shi zai raka ku ko wani zai turo? Ya sanar da ofishin gandun da ke Serti ranakunku? Sannan ku da kanku ku tuntuɓi ofishin, ku ji ko sun san shi, ku ji wane ɓangare ne a buɗe ga baƙi a wannan lokacin, ko sansanin Kwano yana karɓar masu kwana, da kuɗin da hukuma ke karɓa a yanzu. Ku tambaye shi kuma wane rafi za a ƙetare tsakanin Serti da Gashaka da yadda ruwansa yake a Janairu. Wanda ya sani zai amsa kafin ku rufe baki. Wanda bai sani ba zai ce "ai ba matsala".

Inda kuɗin ke tafiya

Kuɗin shiga gandu shi ne mafi ƙanƙanta a lissafin. Mota da mai su ne kan gaba, sai mutane. Ba zan sa muku adadin naira ba, domin farashin mai kaɗai ya isa ya mayar da lissafin bara tatsuniya. Abin da ba ya canzawa shi ne yadda ake lissafin. Ku huɗu, da ɗan jagora, da ma'aikatan gandu biyu, da mai dafa abinci, kun zama takwas. Ɗan dako a hanyar tudu kada a ɗora masa fiye da kilo 20, kilo 15 ya fi adalci. Tantuna da jakunkunanku da tukwane za su ci mutum huɗu, abinci ya ci biyu. Kun zama 14. Mai wuni yana tafiya yana buƙatar busasshen abinci wajen giram 700 a rana: shinkafa, wake, garin kwaki, taliya, ƙuli-ƙuli, kilishi, sukari. Mutum 14 a kwana uku, kusan kilo 30 ke nan. Ku mayar da kwanakin takwas, irin na doguwar hanyar Gangirwal, abincin ya doshi kilo 80, sai an ƙaro 'yan dako, su ma kuma ci za su yi daga abin da suka ɗauko. Shi ya sa kuɗin doguwar tafiya ba ya ƙaruwa daidai da kwanaki, tsalle yake yi.

Abin da aka fi yin rigima a kansa shi ne abincin ma'aikata. Mai shirya tafiya ya lissafa na baƙi huɗu, ya ɗauka 'yan dako za su zo da nasu, su kuma sun ɗauka za a ciyar da su. Sai dare na biyu tukunya ta gaza, rai ya ɓaci, da safe wani ya ajiye kaya ya kama hanyar gida. A rubuta tun farko: mutum nawa, wa ke ciyar da su, nawa ne kuɗin kowa a rana, wa zai biya, kuma ranar komawarsu gida tana cikin lissafi ko babu. Ku nemi a raba muku farashin gida-gida, mota dabam, mai dabam, kuɗin hukuma dabam da rasit ɗinsa, har da na kyamara da na kamun kifi idan kuna so. Jirgin ɗaukar hoto mara matuƙi kada ku tashe shi ba tare da izini a rubuce ba, wurin bakin iyaka ne.

Rabin kuɗi tun yanzu ya yi yawa a ganina. Kashi ɗaya cikin uku ya isa a kama mota a sayi busasshen abinci. Kashi na biyu a Serti, bayan kun ga motar da idonku kuma izini ya fito. Na ƙarshe ranar fitowa. A kuma rubuta abin da zai faru idan hukuma ta rufe hanya saboda tsaro ko motar ta mutu: nawa za a mayar, wa zai nemo wata. Ku riƙe tsabar kuɗi ƙananan takardu, domin bayan Serti babu maganar tura kuɗi ta waya. Ihsanin da za ku yi wa 'yan dako da ma'aikata a ƙarshe ku miƙa wa kowa a hannunsa.

Mota da ruwa

Mota mai jan ƙafa huɗu ce, mai tsayi daga ƙasa, irin su Hilux ko Land Cruiser. Ku sa direba ya saka giyar taimako a gabanku ku ga tana shiga, domin da yawa suna ɗauke da sunan ne kawai. Tayar safaya biyu, jak, famfon iska, igiyar ja, shebur, adda, da jarkar mai cike. Ku huɗu da kaya da ma'aikata ba za ku shiga mota ɗaya ba sai an yi mata lodin da zai karya sifirin. A tambaya ko za a yi sawu biyu ne ko za a haɗa da babura. A bakin rafi mutum ya fara shiga da ƙafa da sanda ya auna. Ruwan da ya wuce gwiwa yana kuma gudu, a dakata. Direba ya shiga da ƙaramar giya, kada ya canza a tsakiya, kada ya tsaya. Idan injin ya mutu a cikin ruwa kada ya sake tayarwa, domin in ruwa ya shiga ta hanyar iska, tayarwar ce ke lanƙwasa ƙarafan cikinsa. Da damina, daga wajen Mayu zuwa Oktoba, rafukan nan suna cika su yanke hanya ɗungurungum, shi ya sa Disamba zuwa Maris ne lokacin baƙi. Janairu ta fi Maris sanyi. Maris ta fi ta ganin dabbobi, saboda ciyawa ta ƙone ruwa ya janye, amma zafinta a kwari ba wasa ba ne.

Idan da ƙafa za ku ƙetare, ku kwance maɗaurin jaka na ƙugu, ku fuskanci inda ruwa ke fitowa, kada ku shiga ba takalmi.

Jiki da lafiya

Abin da ya fi mayar da baƙo gida ba damisa ba ce, sabon takalmi ne. Ku saya yanzu, ku yi mako uku kuna tafiyar awa guda da shi kullum, da jaka a baya, har da hawa bene. Safa mai kauri, da filasta da za a manna tun wurin yana ɗumi kafin ya yi bororo. Ruwan sha lita uku zuwa huɗu kowane mutum a rana. Na rafi komai haskensa a tafasa shi, ya yi minti guda yana tafasa, a bar shi ya huce cikin dare a ɗura da safe. Ku riƙe ƙullin gishiri da sukari na gudawa.

Tufafi masu dogon hannu, launin ƙasa ko kaki. Tsando yana bin shuɗi da baƙi, kuma cizonsa yana ratsa yadi mara kauri. A bakin rafuka masu gudu akwai ƙananan baƙaƙen ƙudaje masu cizo da rana, irin waɗanda ke yaɗa cutar makanta, don haka dogon wando da safa ko da ana zafi. Dare a Janairu yana da sanyi ƙwarai, ku tafi da rigar sanyi da bargo ko jakar barci. Kafin a kafa tanti a duba ƙasa da tocila ko akwai layin kwarkwasa, a kuma zazzage takalmi kowace safiya. Alwala da wanka a ɗebo ruwa a bokiti a koma nesa da gaɓa. Kada a tsuguna a bakin gurbi mai zurfi da magariba ko asuba, lokacin kada ke nan, dorina kuma da dare take fitowa kiwo ta koma da sassafe, kuma ba a shiga tsakaninta da ruwa.

Maganin zazzaɓin cizon sauro da sauran abin da za ku riƙe, likitanku ne zai rubuta, wannan ba fagena ba ne. Mai hawan jini, ciwon sukari ko asma ya gan shi kafin a biya ko sisi. Saran maciji kuwa, kada a ɗaure da igiya, kada a tsaga, kada a tsotsa. A cire zobe da agogo, a ɗaure gaɓar da sanda kamar karaya don kada ta motsa, a ɗauki mutum, kada ya taka. Asibitin da ya shahara da wannan aiki yana Kaltungo a jihar Gombe, nesa ƙwarai. Shi ya sa dole mai shirya tafiya ya gaya muku tun yanzu: daga Kwano, wa zai ɗauki mara lafiya zuwa Gashaka, motar tana jira a can ko ta koma Serti, kuma da me za a kira ta tunda babu sabis? Ma'aikatan gandu suna da oba-oba ko wayar tauraron ɗan Adam? Motar da ta sauke ku ta tafi wani aiki ta fi araha, amma ni ba zan yarda da wannan ragin ba.

Tsaro da mutanen ciki

Gandun ya sha fama da mafarauta da masu saran madobiya da masu haƙar ma'adinai, har an rasa rayukan ma'aikata. Halin hanya kuma yana canzawa daga wata zuwa wata, don haka abin da na faɗa yau ba zai maye gurbin kiran ofishin gandun mako guda kafin ku tashi ba. Kada ku yi tafiyar dare tsakanin Jalingo da Serti, kada ku baza ranakunku da hanyarku a Facebook sai kun dawo, kowa ya riƙe katin shaidarsa. Idan ma'aikacin gandu ya ce a juya, a juya, ko da kun biya kuɗin kwanan.

A cikin gandun akwai ƙauyuka da rugage da doka ta amince da zamansu, Fulani makiyaya a kan tsaunuka da manoma a kwari. Hausa za ta yi muku aiki kusan ko'ina, Fulatanci ya fi ta a saman tudu. In kun sauka a gari, a fara kai gaisuwa wurin jauro ko arɗo kafin a kafa tanti, da ɗan goro ko sukari da ganyen shayi a hannu. Ba a ɗaukar hoton mata ko shanu sai an nemi izini. Naman daji ko an kawo muku kyauta ku ba da haƙuri, cinsa a nan laifi ne, kuma ma'aikacin da ke tare da ku shi za a fara tuhuma. Kafin ku bar Serti ku ajiye takarda a ofishin gandun da wata a wurin wani na gida, ɗauke da sunayenku, inda za ku kwana kowane dare, lambar motar, da ranar da idan ba a ji daga gare ku ba za a fara nema.